Ranar da aka ce surukata ta zagwanye a hannuna

Shekarun baya, lokacin muna zaune a tsohon gidan su maigidana a Fagge, aka jefe ni da wata kalma a tsakiyar taron suna, a gaban dangin miji kaf. Har yau in na ji ta a bakin wani sai na ji kunnuwana sun ɗau zafi. Kalmar ita ce zagwanyewa. Shekaranjiya na ji wata yarinya a rediyo tana cewa wai tarbiyya ta zagwanye, tana faɗa a sauƙaƙe kamar mai tallan gyaɗa, shi ne na ce bari dai in ba ku labarin yadda ni na san kalmar nan. Don ni ba a aji na koye ta ba. Firamare ma ban ƙarasa ba.

Surukata, wato mahaifiyar maigidana, tare muke zaune da ita. Inna muke ce mata. Ɗakinta na can ƙuryar gida, a bayansa akwai ɗan fili da take kiwon agwagi. Da ƙuruciyarta a kasuwar Sabon Gari take zama, tana sayar da sabulun salo da daddawa da kuka, har sai da gwiwa ta zaunar da ita. Ku ji da kyau, ni da Inna ba mu taɓa sa-in-sa ba. Ko sau ɗaya. Abin da ke tsakaninmu kunya ce, irin ta da. Ba na cin abinci a gabanta, ba ta ci a gabana. In na gama girki sai in zuba nata a kwano, in rufe da faifai, in je in durƙusa a bakin ƙofa in ce, "Inna, ga abinci." Ta ce, "Allah ya yi albarka, 'yar nan." In saki labule in juyo. Can anjima in tarar da kwanon a waje, an cinye, har an ɗauraye. Haka na taras ana yi a gidanmu, haka uwata ta yi wa tata surukar, ban taɓa tunanin akwai wani abin dubawa a ciki ba.

To a shekarun nan ne Allah ya buɗa wa maigidana. Ya tashi daga tsaron shagon wani a Kantin Kwari ya samu nasa na atamfa. Gidan da nama sai Juma'a ya koma kullum da nama. Ni kuma abin ya hau kaina, ban ɓoye muku ba. Na daina tuwo da miyar kuka, na ce wannan abincin wahala ne. Yau soyayyen nama, gobe kaza soyayya har tana ƙaras-ƙaras, jibi gurasa, ga tsire da maigida kan tsaya ya sayo a Titin Ibrahim Taiwo in zai dawo. Kuma duk tsokar da ta fi kyau ta Inna ce. Kwano ya tafi cike ya dawo wayam. Har cika baki nake wa maƙwabta, ina cewa, "Ni tsohuwata ba ta da zaɓe, duk abin da na dafa tas take yi da shi."

Yanzu in na waiwaya sai in ga alamu birjik. Ta fara yin salla a zaune, na ce gwiwa ce. Awarwaron hannunta ya riƙa zamewa har gwiwar hannu in ta ɗaga buta, na ce ai dama ya yi mata yawa. Muryarta ta yi siriri. Ta daina tauna goro, kullum da hantsi sai in jiyo ƙarar magogi daga ɗakinta tana goga shi, na ce tsofaffi dai da ƙa'ida. Agwaginta kuwa suka yi ɓul-ɓul, ƙirji kamar na raguna, har wata maƙwabciya ta tambaye ni wace irin dusa muke ba su. Na ce mata albarkar hannun Inna ce. Ku ji fa.

Sai ƙanwar maigidana ta haihu. Haihuwar fari ce, don haka gida ta dawo wanka, a gidanmu aka yi suna. Ranar gida ya cika, dangi daga ko'ina, ga babbar yayarsu ta zo daga Rijiyar Lemo tun da safe tana ba da umarni. An shimfiɗa wa Inna tabarma a inuwa, an ɗaura mata sabon ɗankwali, mata na zuwa suna gaishe ta. Ni ina bakin murhu da ludayi a hannu, ina jin kaina kamar ni na haifi jaririyar.

Inna tana da wata tsohuwar ƙawa a Sabon Gari, Ibo ce, Kirista, amma a Kano aka haife ta, Hausa a bakinta kamar jakin Kano. Rumfarta na jikin ta Inna a kasuwa, ita tana sayar da manja da busasshen kifi. Mama muke ce mata. Ta daɗe ba ta zo ba, don ta tafi can garinsu jinyar 'yarta, dawowarta ke nan ta ji labarin suna. Tun daga zaure muka jiyo ta, tana faɗa da mai adaidaita kan ya ƙi shigo da ita lungu, sannan ta faɗo tsakar gida da galan ɗin manja a hannu tana cewa, "Ina tsohuwar nan? Ina mai sabulun da ba ya kumfa? An yi jika ba a aiko mini ba, don kar in ci tuwo ko?"

Mata suka kwashe da dariya. Inna ta ɗago tana murmushi ta ce, "Ga mai manjan da aka sirka da ruwa nan ta iso."

Mama ta nufo tabarmar, sai ta tsaya cak. Dariyar ta ɗauke daga fuskarta. Ta ajiye galan a hankali, ta durƙusa, ta kama tsintsiyar hannun Inna, ta zagaye ta da yatsu biyu, yatsun suka haɗu har da saura. Ta daɗe tana kallonta. Sannan ta juyo ta ce, "Wa ke kula da matar nan?"

Ni kuma sarkin azarɓaɓi, na ɗauka yabo ne zai biyo baya. Na matso da ludayina na ce, "Ni ce, Mama."

Ta ce, "Ke ce? To ƙawata ta zagwanye a hannunki."

Har mai daka ta tsayar da taɓarya. Na yi ƙarfin hali na ce, "Haba Mama, ai tsufa ne. Ta dai ɗan rame."

Ta ce, "Ban ce ta rame ba. Na san rama, 'yata. Mai zazzaɓi yana ramewa, kowa ya gani, a ba shi magani ya mayar da jikinsa. Ban kuma ce ta narke ba, man shanu ne ke narkewa, kana tsaye a kansa yake yi. Na ce ta zagwanye. Tambaye ta, ita ta koya mini kalmar. Da damina in ruwa ya riƙa ɗiga a rumfarta, sabulunta yana nan a dunƙule, siffarsa ba ta canja ba, amma kullum gefe yana tafiya, kullum gefe yana tafiya. Mai rumfa ba ta gani, don kullum tana kallonsa. Sai mai saye ya zo ya ɗaga ya ce, Inna, yau kuma na yara kika kawo?" Ta saki hannun Inna ta ƙara da cewa, "Kuma sabulu ba ya zagwanyewa sai an bar shi a ruwa."

Wannan ta ƙarshen ita ta kashe ni. Don ni ma na san kalmar sama-sama, ina jin ana cewa katangar ƙasa ta zagwanye in ruwan sama ya yi ta dukan gindinta shekara da shekaru, ko bakin kududdufi ya zagwanye. Amma ban taɓa jin an ɗora ta a kan ɗan Adam ba. Kuma duk inda aka faɗe ta, akwai wanda ya kamata ya yi yaɓe bai yi ba, ko ya ɗauke abu daga ruwa bai ɗauke ba. Da ta ce rama, da laifin ciwo ne. Da ta ce tsufa, da na Allah ne. Amma wannan kalma da mai ita take tafiya, kuma ni ce na ɗaga ludayi na ce ni ce.

Nan take na ga idanun mutane sun canja. Waɗanda tun safe suke gaishe da Inna ba su ga komai ba, yanzu kowa ya gani. Na jiyo wata daga baya tana cewa, "Wallahi ni ma tun ɗazu nake son in yi magana." Wata ta ce, "Gida ya samu, tsohuwa ta rasa." Yayar maigida ta miƙe ta gyara mayafi, ba ta ko kalle ni ba, ta ce, "Ana watsewa zan tafi da uwata Rijiyar Lemo. In ba a iya ba, ai sai a faɗa."

Inna ta ɗaga 'yar muryarta ta ce, "Ku bar yarinyar nan. Ba ta rage ni da komai ba." Amma wa zai yarda? Kowa ya ɗauka kara take yi mini. Maganar tata ma sai ta ƙara mini nauyi.

Na koma bakin murhu na tsuguna, hawaye na zuba, ina ɗora wa hayaƙi laifi. A raina ina ta rantsuwa: kwano fa yana dawowa wayam! Wace shaida kuma ake so? Ina cikin haka sai ga Mama a kaina. Na ɗauka ƙarin faɗa ne. Sai ta ce, "Share fuskarki. Zuba mana abinci a kwano ɗaya, ni da ita, ki kai ɗakinta. Ki sa nama."

Na zuba shinkafa, na ɗora soyayyen naman suna, na kai. Mama ta riƙo Inna suka shiga, ta saki labule. Ni dai ban iya tafiya ba. Na tsaya a jikin bango kamar mai neman tsintsiya.

Ina jin Mama tana ci tana surutu. Can ta ce, "Ke, tun ɗazu shinkafa kike tsinta ɗaya-ɗaya kamar kaza. Ɗauki nama."

"Na ƙoshi."

"Kin ƙoshi da me? Ni kike gaya wa? Ke da muke cinye ƙafar saniya mu biyu a rumfa? Buɗe bakinki in gani."

"Ke dai ba ki da kunya, har kika tsufa."

"Ba ni da ita. Buɗe, ko in fita zaure in kira ɗanki a gaban abokansa."

Sai na ji Mama ta ce, "Wayyo Allahna." Ta ɗaga murya: "Ke mai laɓe, na ga ƙafarki. Shigo."

Na shiga ina sunkuyar da kai. Mama na riƙe da haɓar Inna. Ta ce in matso in duba. Jama'a, shekara nawa ina gidan nan ban taɓa kallon fuskar matar nan ido da ido ba, balle cikin bakinta. Haƙoran ciki, waɗanda ake tauna da su, duk sun ruɓe, wasu sun karye sun bar baƙin gindi, dasashi ya kumbura ya yi jawur. Ko ruwan sanyi ya taɓa wurin sai ta runtse ido. Ashe watanni ke nan ba abin da ke shiga cikinta sai kokon safe, da ɗan romon da take tsotsa, da shinkafar da ta jiƙa da ruwa in ta iya.

Na ce, "Inna, to abincin fa?"

Ta kawar da kai wajen tagar baya, inda agwagi ke ta kai-kawo. Ba sai an yi mini bayani ba.

Mama ta ce, "To don me ba ki faɗa ba, tsohuwar banza?"

Inna ta ce, "Yarinya ta tsaya a gaban wuta, ta soya, ta zaɓo mini tsokar da ta fi kyau, ta zo ta durƙusa. In ce mata me? Ba na iya ci? Ko in mayar mata da kwano da abinci a ciki, a ce na raina girkinta? Suna cikin farin ciki, yaron nan ya samu, sai ni in ce a koma tuwo saboda ni?"

Kunyar da na ji a tsakar gida wasa ce a kan wadda na ji a ɗakin nan. A waje aƙalla ina da wanda zan ji haushi. A nan babu. Matar nan ta zauna da yunwa a gidan da ake soya kaza don kar raina ya ɓaci, ni kuma ina yawo ina cika baki da kwanonta. Kuma kullum ina jin ƙarar magogin nan, kullum. Mutum ya daina tauna goro, me ya rage a gaya maka?

Mama ba ta bar kowa ba ranar. Ta fito ta tare Yaya ta ce, "Ke mai ɗaukar uwa, yaushe rabonki da ki zo ki zauna da ita? Ko a waya kike auna ta?" Da yamma ta sa aka kira maigida. Shi da kullum da asuba yake durƙusawa a ƙofar Inna, kai a ƙasa, ya gaishe ta ya tashi, bai taɓa ɗaga ido ba saboda ladabi. Ta ce masa, "Alhaji, kana gane atamfa ta gaske daga nesa, amma uwarka ta koma rabi ba ka gani ba." Ta juya ga Inna ta ce, "Ku dai kunyar nan taku wata rana sai ta kashe mutum."

Inna ta ce, "Ku da ba ku da ita ai ba ku fasa mutuwa ba."

Wannan ce dariyar farko da aka yi tun bayan da Mama ta jefe ni da kalmar nan.

Aka kai Inna wurin likitan haƙori, aka cire abin da za a cire, aka ba ta magani. Yaya ta haƙura da tafiya da ita, amma ta ce za ta riƙa zuwa, kuma ta riƙa zuwan, tana buɗe tukunyata kamar mai binciken kasuwa. Na shanye, don ba ni da bakin magana. Na koma kunun gyaɗa, da fate, da tuwo mai laushi da miyar kuɓewa, da farfesun kifi da nake cire wa ƙaya da hannuna. Sai dai Mama ta kafa doka ɗaya kafin ta tafi: ba ajiyewa a bakin ƙofa. In zauna har Inna ta gama.

Ranar farko ba zan manta ba. Na shiga da kwano na zauna. Inna ta kalli kwano, ta kalle ni, ta juya ta fuskanci bango. Ni ma na juya na fuskanci ƙofa. Muka ba juna baya kamar waɗanda suka yi faɗa. Can ta ce, "'Yar nan, kallona kike?"

Na ce, "A'a Inna, ƙofa nake kallo."

Ta ce, "To ki gaya wa ƙofar na ci."

Na ce, "Ƙofar ta ce ba ta ji ƙarar cokali ba."

Ta yi 'yar dariya ta hanci, ta ce ashe ni ma an koya mini rashin kunyar Sabon Gari. Sannan na ji cokali ya taɓa kwano.

A hankali muka daina ba juna baya. A wurin cin abincin nan na ji labaran da ban taɓa ji ba, na kasuwa, na marigayi mijinta, na yadda maigidana yake satar daddawa yana yaro. Wata rana ta ci fate ta ture kwanon ta ce, "Yau gishirinki ya yi yawa." Wallahi da ta ba ni zinare ban yi murnar da na yi ba. Na fito ina washe baki, maigida ya ce lafiya, na ce Inna ta kushe girkina.

Ba ta koma yadda take da ba, kar in yi muku ƙarya. Abin da ya zagwanye ba ya dawowa duka, sai dai a tsayar da shi inda ya kai. Amma ta ɗan cika, muryarta ta dawo, ta yi shekaru tare da mu har ta ga auren babban ɗana kafin Allah ya karɓi abarsa. Allah ya jiƙanta. Mama ta zo gaisuwa ta zauna a ɗakin nan har aka yi bakwai.

Tun daga lokacin ba na wasa da kalmar nan. Ina faɗinta ga bango, ina faɗinta ga sabulu. Ga mutum kuwa ban taɓa faɗi ba, don na san nauyinta a kan wanda aka gaya wa. Amma in na je gidan da akwai tsoho, ba na tambayar masu gida yaya jikinsa. Hannunsa nake kamawa in gaishe shi, in ɗan daɗe ban saki ba.

Na daɗe a raina ina ganin har da laifin Inna. Me zai hana mutum ya buɗe baki ya ce ba na iya ci? To yanzu ni ma na yi suruka, matar ɗana, yarinya mai hankali, suna zaune tare da mu. Kuma akwai wani haƙori a gefen hagu da ya fara yi mini magana. Kwanaki ta soya nama, ta zaɓo mai kyau, ta shigo ta durƙusa ta ce, "Umma, ga abinci." Na buɗe na ga naman nan a soye ƙaƙas. Na kalli fuskarta, tana ta murmushi tana jiran yabo. Na buɗe baki zan yi bayani, ni da na san komai, ni da na ba ku duk labarin nan. Abin da ya fito shi ne, "Allah ya yi albarka."

Ta tashi. Har ta kama labule. Sannan na iya cewa, "'Yar nan, dawo. Zauna nan kusa da ni. Naman nan ya fi ƙarfina."